Hafsan Ko-ta-kwana da Kabarin Babana

Ni ban taɓa son soja ba, gara in faɗa tun yanzu. Tun ina yaro in na hango kaki a hanya nakan fara laluben laifina, ko da kuwa daga masallaci nake. Saboda haka ranar da na kama haya a wani bene a unguwar Ainu Shams ta Alƙahira, dillali ya ce mini mai gidan hafsan soja ne, saura kaɗan in saɓi jakata in koma inda na fito. Abin da ya tsayar da ni shi ne mutumin da ya sauko ya miƙo mini makulli. Gajere ne mai tumbi, da silifas ɗin wanka a ƙafa, ƙafar tabarau ɗinsa ɗaya an ɗaure ta da zare, bakin wandonsa duk busasshiyar laka. Na ce a raina, in dai wannan ne sojan, to Misira ta shiga uku.

Daga baya na gane yadda abin yake. A can in namiji ya gama jami'a yakan yi wa ƙasa aikin soja. Wasu a zaɓe su a horar da su hafsoshi, su yi 'yan shekaru, sannan a ce su tuɓe kaki su koma sana'arsu, amma ba a sallame su ba. Su ne na ko-ta-kwana. Mai gidana yana cikinsu, a ɓangaren injiniyoyi. Yawancin shekara yana bin titunan Alƙahira da leburori suna binne bututun ruwa. Rana ɗaya sai kira ya zo, ya sauko da wata koriyar jaka daga saman kabad, ya aske gemu, ya cusa tumbin nan cikin bel, ya ɓace. Wani lokaci mako biyu, wani lokaci ya haura wata. Ya dawo ya yi baƙi kusan kamata, ya rame, ya sha barcinsa, ya koma kan bututu. A haka ya hau daga ƙaramin hafsa har ya kai kyaftin. Mutanen unguwa Bashmuhandis suke ce masa, wato babban injiniya. Ni Kyaftin nake ce masa, da farko don tsokana, daga baya sunan ya zauna.

Wata rana muna shan shayi a ƙofar gida na ce, "Kyaftin, wai me kuke yi a can?"

Ya ce, "Muna haƙa rami, ya Maulana." Haka yake kirana, don ya san shari'a nake karantawa.

"Sannan fa?"

"Sannan mu cike shi."

"Shi ke nan aikin?"

"Wani lokaci mu ɗora gada a kan ruwa, motoci su haye, mu kwance ta mu loda a mota."

Na yi dariya har shayi ya sarƙe ni. Na ce ashe safayar taya ce shi, tana bayan mota tana shan rana. Bai ji haushi ba. Ya ce haka ne, kuma kullum addu'arsa kada a yi faci. Sai ya ƙara da cewa sojojin gaske kallon ɗan aron kaki suke yi masa, abokan aikinsa na ruwa kuma gani suke hutu yake zuwa. An sha ba na ƙasa da shi matsayi saboda duk sanda ake nemansa ba ya nan. Ya faɗi wannan ne yana fifita shayinsa, kamar labarin wani yake bayarwa. Matarsa ce ba ta iya haɗiyewa. In koriyar jakar nan ta sauko, har hawa na huɗu muna jin tukwane suna shan wahala a kicin ɗinta. A 2015 aka sallame shi gaba ɗaya, bai taɓa saita bindiga a kan ɗan Adam ba, kuma da wannan yake alfahari.

Na fara ganin wane ne shi a farkon 2011, lokacin da gari ya rikice, 'yan sanda suka ɓace daga titi, kowace unguwa ta koma gadin kanta. Mu baƙar fata muka kulle kanmu a ɗaki, don ba ka san wanda zai nuna ka da yatsa ba. Kafin kira ya zo masa ya tafi na watanni, kullum da safe Kyaftin zai ƙwanƙwasa mini ƙofa da gurasa mai zafi. Ran nan ya miƙo gurasar haɗe da sandar mofa, ya ce in sauko. Ya tsara wa mazan layinmu wanda zai tsaya a ina, ni ya ajiye ni a bakin layi da rana tsaka, inda kowa zai wuce. Na ce, "Haba Kyaftin, so kake a kashe ni?" Ya ce, "Tsaya su gan ka. In suka gan ka kana gadin 'ya'yansu, ba mai sake tambayar daga ina ka zo." Na tsaya ina zaginsa da Hausa a ciki-ciki. Tun daga ranar har na bar Misira ba wanda ya sake yi mini kallon baƙo a layin nan.

Baba ya zo a ƙarshen 2013, ƙodarsa ta gaza, likitocin gida sun ce a gwada Misira. Manomi ne, amma ba da noma aka san shi a garinmu ba. A wajenmu ba a ɗaukar mai haƙa kabari haya. In aka yi rasuwa maza ke fita da diga da shebur, kuma tunda na yi wayo ban ga wanda ya riga Baba isa maƙabarta ba. Shi ke karɓar karan da aka auna gawa da shi, shi ke zana wuri. A haƙa babban rami, sannan a tsaga siririn rami a tsakiyarsa, daidai kwanciyar mutum a gefen dama, a jera itace a rufe, a lulluɓe da laka, a mayar da ƙasa. Ga shi da tsantseni kamar tela. In gefen rami ya karkace sai ya kori saurayi ya shiga da kansa, yana cewa wannan ɗakin ba a dawowa gyara.

Matakalar tashar jirgin ƙasa ta fi ƙarfin Baba, don haka in Kyaftin yana gari shi ke kai mu wankin ƙoda a tsohuwar motarsa. Baba ba ya jin Larabci sai na salla, Kyaftin ba ya jin Hausa ko ta zagi, ni ne tafinta. Wata safiya muka biya ta inda leburorinsa ke aiki. Baba ya ce a tsaya. Ya fito yana dafa mota, ya sunkuya ya damƙi ƙasar ramin, ya murza, ya watsar.

Ya ce, "Gaya masa wannan ba ƙasa ba ce, garin tuwo ne."

Na fassara. Kyaftin ya ƙyalƙyale da dariya ya ce gaskiyar Hajji ne, yashin ƙasarsu kamar ruwa yake, kana ɗiba yana dawowa. Baba ya ce jar ƙasar garinmu in ka tsaga ta tsayawa take kamar bango. Daga nan suka shiga musu a kan kayan aiki, Baba yana raina faffaɗar fartanyar Misirawa da kwandonsu na roba, Kyaftin yana cewa diga ba ta da amfani a yashi. Muka makara a asibiti. Tun daga ranar Baba yake ce masa Soja, shi kuma yana ce wa Baba Hajji, in suka zauna a baranda sai su sallame ni, su yi ta zane a iska da hannu suna gyaɗa wa juna kai.

Ana haka wani tsoho mai guga a ƙasan benenmu ya rasu. Na ce Baba ya zauna, ba shi da ƙarfi. Ya kalle ni kamar na zage shi, ya ce tunda ya balaga bai taɓa jin an yi rasuwa a gidan da yake ya zauna ba. Muka bi gawa.

Ni na san yadda mutanen Alƙahira ke binnewa, na manta ne ban shirya shi ba. Maƙabartarsu kamar unguwa take, layi-layi, kowane gida da filinsa da katanga da ƙofa. Aka shiga filin su mamacin, aka share 'yar ƙasa, aka ɗaga wasu dogayen duwatsu, sai ga matakala ta yi ƙasa. Ɗaki ne a ƙarƙashin ƙasa, na maza daban na mata daban. Aka sauka da tsohon, aka kwantar da shi a kan yashi kusa da waɗanda suka riga shi. Daga inda muke tsaye ana hango gefen tsofaffin likkafanai a jere. Aka fito, aka mayar da duwatsu, aka yayyafa ruwa, aka yi addu'a. Ba wanda ya ɗaga shebur. Baba yana riƙe da hannuna, na ji yatsunsa sun nutse a cikin namana.

Ranar bai ci abinci ba. Da la'asar Kyaftin ya hawo gaishe shi, muna zaune mu uku, Baba ya ce da ni, "Ƙasarsu ce, malamansu sun fi ni sani, ban ce sun yi laifi ba. Amma ni na haƙa wa mutane da yawa. In ta Allah ta kasance a nan, kada ka sa ni a ɗaki. Kada kuma ka kai ni filin jirgi a ɗora ni a sikeli kamar buhun masara. Ka nema mini rami, ni kaɗai, ƙasa ta taɓa ni."

Na ce, "Baba, ka daina irin wannan maganar, gida za mu koma."

Ya ce, "Ba ita na tambaye ka ba."

Na ce na ɗauki alkawari. Wallahi a lokacin ban san ko ta ina ake farawa ba.

Kyaftin ya ce me Hajji ya ce? Na fassara masa duka. Na zaci zai ce wani abu, ko da irin maganar nan ta Misirawa mai daɗi da ba ta da ƙashi, a kan kaina, a kan idona. Ko uffan. Ya shanye shayinsa, ya sumbaci kan Baba, ya sauka. Na ji haushinsa ƙwarai, na ce soja dai soja ne, zuciyarsu a cikin takalmi take.

Baba ya rasu a 2014, cikin sanyi, da hantsi, a kan gadon wankin ƙoda. A gida da kafin la'asar an rufe shi. A nan sai da aka sa shi a firjin asibiti, don izinin binne baƙo ba ya fita rana ɗaya. Wannan kaɗai ya ishe ni baƙin ciki.

Akwai wani dattijon ɗalibi, ya daɗe a Alƙahira, shi ke tsaya wa Hausawa a kan jana'iza. Mutumin kirki ne. Ya zaunar da ni ya ce hanya biyu ce: ko a kai gida a jirgi, ko ɗakin sadaka, inda ake sa baƙi da marasa gata, kuma duk namu da suka rasu a nan can suke. Na ce rami nake so. Ya ce rami sai mai fili, kuma ko mai filin sai ya kira magini ya ɗaure shi da bulo da siminti ya jira ya bushe, don yashin ba ya tsayawa. Ya ce in yi haƙuri, mamaci ba ya jin wannan. Na daka masa tsawa a gaban mutane, na ce uban wani ne ba ya ji, nawa ya ji tun yana raye. Na bar su a tsaye na dawo gida, ban san abin da zan yi ba.

A matakala na tarar da Kyaftin zaune, ya yi aski, gemun nan babu. Da na ga haka na san kira ya zo. Ya tashi ya rungume ni, ya ja ni falonsa. Koriyar jakar tana bakin ƙofa a ɗaure.

Ya ce, "Gobe da azahar ake nemana a sansani. Ina da fili a sabuwar maƙabarta, hanyar Suwais. Katanga ce kawai da ƙofa, ban gina komai ba. Can za mu sa Hajji."

Matarsa tana tsaye a ƙofar kicin. Ta ce, "Shekara nawa ina cewa ka gina mana ɗakunan nan, kana cewa babu lokaci, yau kira gobe bututu. Yanzu lokaci ya samu?"

Ya ce, "Ya samu."

Ta ce, "Filin nan tafin hannu ne. In ka sa kabari a ciki, ina ɗakin maza zai zauna? Kai ina za a sa ka?"

Ya ce, "In na mutu ki tambaye ni."

 Ta dube ni, idonta ya kawo ruwa, ta ce, "Ma'alish, yi haƙuri ɗana, ba da kai nake ba, da wannan mai taurin kan nake." Ta shige ciki. Can ta fito da babbar allurar ɗinkin katifa da ƙullin igiya ta dangwara masa a cinya, ta ce ai ta san buhu zai nema, ta gaji da jin labarin buhunan yashin da suke jerawa a sansani.

Kyaftin ya ce in samo maza huɗu masu ƙarfi, in auno tsawon Hajji, mu same shi a filin bayan sallar asuba. Ya ba ni makullin ƙofar, ya ce kada mu taɓa komai sai ya zo.

Babu kara a Alƙahira, da igiyar shanya na auna Baba. Muka isa da abokaina huɗu, duk Hausawa, gari ya fara haske. Wurin sahara ce tsagwaronta, an yanka ta da katangu. Mai gadin maƙabartar ya ara mana shebur da fartanya. Muka jira, rana ta fito, babu Kyaftin. Ni kuwa ina kallon rana ina lissafin asibiti da wanka da salla. Wani Basakkwace a cikinmu ya ce, mu da muka taso muna haƙa kabari, sai mun jira Balarabe ya koya mana? Ban hana ba, ni na fara sa shebur.

Muka zana kamar yadda ake yi a gida, muka tsaga gefe a miƙe. Da farko abin kamar wasa, ƙasa ba ta gardama. Mun kai gwiwa, mun kai cinya. Basakkwacen yana ciki yana gyara kusurwa sai gefe ɗaya ya sulalo ba ƙara ba komai, ya cika ramin, ya riƙe shi har ƙugu. Muka jawo shi, takalminsa ɗaya ya zauna a ciki. Muka sake, ya sake zubowa, ramin sai faɗi yake kamar kwano. Na jefar da shebur na zauna a ƙasa. Tun rasuwar ban yi kuka ba sai a nan, kuma kukan haushi ne, don na ga ɗakin sadaka ƙiri-ƙiri a gabana.

Sai ga ƙarar mota. Tankar ruwa ce a gaba, motar Kyaftin a baya, an danne ta da buhunan algarara har saman rufi. Ashe kasuwar hatsi ya tafi tun duhu yana bin rumfuna, ya ƙi karɓar buhun leda, wai leda ba ta ruɓewa, shi kuwa so yake bayan shekaru kada a sami komai a wurin sai ƙasa. Ya fito cikin kaki, da taurari uku a kafaɗa, don daga nan sansani zai wuce. Shekarata fiye da uku a gidansa ban taɓa ganin tsayuwarsa irin ta ranar ba. Ya dubi kwanon da muka haƙa, ya dube mu. Na jira faɗa. Ya ce, "Tamam, ya yi, kun rage mana na sama." Ya cire rigar ya ninke ta ya ɗora a kan katanga.

Daga nan muryarsa ta canza. Ba ihu yake ba, amma in ya ce yalla, wato maza, sai ka ga ƙafarka ta tafi kafin ka yi shawara. Ya fito da kamfas ya tsayar da alƙibla, ya karɓi igiyar shanyata ya ja layi a tsakiyar filin. Mai gadi ya matso ya ce, "Ya Basha, nan ne wurin ɗakin maza. Ka matsa jikin katanga mana, ka rage wa kanka wuri." Kyaftin ya ce in ya haƙa a jikin katanga gindinta zai zauna, wata rana ta faɗo kan Hajji. Mai gadi ya ce to ya sani fa in an rufe mutum a nan, khalas, shi ke nan, ba a sake gini. Kyaftin ya ce ya sani.

Ya sa aka jiƙe wurin sharkaf, muka jira ruwa ya nutse. Ya raba mu: biyu na cika buhu, ɗaya na ɗinke baki, biyu na miƙawa. Kada a cika buhu taf, a bar masa wurin da zai kwanta. Ya buɗe ramin da faɗi daga sama, yana tsukewa yana sauka hawa-hawa. Shi ke ciki. Kowane buhu ya karɓa ya kwantar, bakin ɗinkin yana kallon yashi, ya daddage shi da bayan shebur har ya zama kamar tubali, na sama ya hau kan mahaɗar na ƙasa biyu. Tumbin da nake yi wa dariya yana ta sheƙi da gumi, tabarau yana zamowa yana turawa da kafaɗa. Abin da yake yi ke nan duk shekarun nan a inda ba mai ganinsa, ya gama a ce ya cike.

Da bango ya kai ƙirjinsa ya ɗago ya ce, "Ya Maulana, yanzu gaya mini irin naku. Yaya Hajji yake yi?" Na durƙusa a baki na kwatanta masa siririn ramin tsakiya, da faɗinsa, da 'yar kafaɗar da ake bari a kowane gefe don abin rufi ya zauna. Ya sa na maimaita. Ya ce itace babu, amma ya yi magana da mai gadi a kan fale-falen duwatsu. Ya tambaya ko Hajji zai yarda da dutse. Na ce zai yarda.

Rana ta ɗaga, dole in tafi asibiti. Na ce, "Kyaftin, ka jira mu. La'asar ce kawai. Kai ne fa babba a can, wa zai tambaye ka?"

Ya share fuska da gefen singileti ya ce, "Yau yaran da aka kira tare da ni za su zo daga ƙauyuka, wani tun jiya yake hanya, wani ya bar gona ba mai ban ruwa. Wanda ya makara ni zan hukunta shi. In na makara da wane ido zan dube shi?"

Na ce, "Abokinka ne fa."

Ya ce, "Shi ya sa nake cikin ramin. Tafi, kana ɓata mini lokaci."

Na tafi. Aka ba da izini, muka yi wa Baba wanka da sutura ni da dattijon da na yi wa tsawa jiya, bai ko nuna ya tuna ba. Aka sallace shi bayan azahar. Hausawa sun zo, mutanen layinmu na Ainu Shams ma sun cika mota guda, har da masu shago da suka rufe shagunansu.

Da muka isa maƙabarta motar Kyaftin ba ta nan, rigar da ke kan katanga ba ta nan. Abokaina suka ce ya gama ya wanke hannu da fuska a bakin tanka, ya sa rigarsa a kan jiƙaƙƙen singileti, ya tsaya a bakin ramin ya yi addu'a, ya ja mota. Ya bar duwatsun a jingine bisa tsarin da za a ɗora su, ya kwaɓa laka ya rufe ta da jiƙaƙƙen buhu don kada ta bushe. Misirawan da suka biyo mu suka kewaye ramin suna leƙe, da yawansu ba su taɓa ganin irinsa ba.

Ni na sauka. Bangon a miƙe yake ta kowane gefe, na dafa shi da ƙarfi don in gwada, ko ƙwayar yashi ba ta zubo ba. Siririn ramin yana tsakiya, da kafaɗunsa biyu, kamar a bayan garinmu aka haƙa shi. Da na sunkuya sai na ga ƙasan ba buhu, ya bar shi yashi tsiraransa mai danshi, kuma ba da shebur ya daidaita shi ba. Sawun tafin hannunsa ne tun daga kai har ƙafa, ɗaya a jikin ɗaya, gajerun yatsu, ya bi ya lallashe wurin ya tsince duk wata tsakuwa. A wajen kai ya tara 'yar ƙasa ya yi matashi.

A cikin ramin nan na ji ina son mutumin nan irin son da ban taɓa yi wa wani namiji ba, in ka cire wanda ake shirin miƙo mini. A lokacin yana can wani wuri a sahara yana kiran sunayen yaran mutane.

Aka miƙo Baba. Ya yi sauƙi ƙwarai, ciwo ya cinye shi. Na kwantar da shi a gefen dama a kan sawun hannun, fuskarsa ga alƙibla, na sassauta ɗaurin likkafani, na jingina kuncinsa da ƙasa. Shi kaɗai ne a ciki. Na ce masa, "Baba, ga ramin." Na daɗe a durƙushe har dattijon nan ya kira ni a hankali daga sama, sannan na ce su miƙo dutsen farko.